Wai "waɗanda boko ya gagara"? Haba Malam!

Kun dai ga rubutun, ba sai na sake ɗora shi a nan na ƙara masa kasuwa ba. Tun da aka sanar da kyaututtukan 'yan Super Falcons, tawagar ƙwallon ƙafa ta matan Najeriya, bayan sun ciyo kofin Afirka a 2025, ake ta yawo da shi daga wannan zauren WhatsApp zuwa wancan, wai gwamnati ta kwashi dala 100,000 ta danƙa wa kowace ɗaya daga cikin "'yan matan da boko ya gagara suka koma guje-guje a fili". Masu danna alamar dariya sun danna, masu cewa "gaskiya ɗaya ce" sun faɗa. Ni abin da ya tsaya mini a wuya shi ne hoton da mutumin ya zaɓa ya liƙa a saman rubutun. Duk faɗin tawagar nan, ya rasa wadda zai ɗauko sai Michelle Alozie.

Michelle Alozie fa! Ita ce boko ya gagara?

Malam, sannu da ƙoƙari. Allah ya ƙara basira. Da ka ɗan rage kuɗin datar da kake zagi da ita ka rubuta sunan yarinyar nan a Google, da ba ka kunyata kanka a gaban jama'a haka ba. Wadda ka ce boko ya gagara, a Jami'ar Yale ta yi digirinta. Yale ɗin da aka kafa tun 1701, wadda George Bush uba da George Bush ɗa suka yi karatu a cikinta, wadda Bill Clinton ya karanta shari'a a cikinta. Kuma ba wani kwas ta laɓe a ciki don a samu na rataye wa a bango ba. Ilimin ƙwayoyin halitta ta karanta, wanda masu shirin zama likitoci ke haɗa gumi a kansa. Kai kuma fa, ranka ya daɗe, a ina aka yi naka? Tambaya ce kawai.

Na san abin da za ku ce, domin wani ya riga ya faɗa a ƙarƙashin rubutun: ai ƙwallon ce ta shigar da ita, Turawa haka suke yi, in dai kana da ƙafa sai su ba ka gurbi kyauta. To ku saurara. Yale tana cikin jami'o'i 8 da ake kira Ivy League, kuma waɗannan jami'o'in ba sa ba da tallafin karatu don wasa. Ko kusa. Iya ƙwallo yana iya sa kociya ya so ki, amma sai takardunki sun tsaya da ƙafarsu, kuma in kin shiga, jarrabawar da kowa zai rubuta ita za ki rubuta. Ba a rage wa mutum tambaya don ya ci ƙwallo ranar Asabar. Daga 2015 zuwa 2018 yarinyar nan tana buga wa Yale gaba, tana cin ƙwallaye har ta shiga sahun fitattun 'yan gaba na gasar jami'o'in nan, da daddare kuma tana zaune da littafi. Wannan ce boko ya gagara.

Kuma ku daina ɗauka hanya a share ta same ta. A shekararta ta ƙarshe a Yale jijiyar gwiwarta ta tsinke, irin raunin nan da duk mai kallon ƙwallo ya san shi, wanda ke kwantar da ɗan wasa wajen shekara guda, wasu ma daga nan ba a ƙara jin ɗuriyarsu. Ga digiri na Yale a hannu. Da wata ce da ta ce alhamdulillahi, ta rataye takalmi ta nemi aikin ofis, kuma ba wanda zai ga laifinta. Ita sai ta yi jinya ta miƙe, ta koma Jami'ar Tennessee a 2019 ta ƙarasa shekarar wasan da ta rage mata. Aka zo zaɓen da ƙungiyoyin gasar mata ta Amurka ke yi wa 'yan wasan da suka gama jami'a, aka kira sunaye aka gama, babu nata. Ba ƙungiyar da ta ɗauke ta.

Sai ta tafi ina? Kazakistan. E, Kazakistan, birnin Shymkent, ƙungiyar BIIK Kazygurt, inda Chinwendu Ihezuo ma ta taɓa bugawa. Yarinyar da aka haifa a Kalifoniya a 1997 ta tattara jakarta a farkon 2020 ta nufi tsakiyar Asiya cikin sanyin hunturu don dai ta samu inda za ta taka leda. Ba ta daɗe ba korona ta rufe duniya, ta dawo gida hannu rabbana. A 2021 ta je ƙungiyar Houston Dash ta Amurka, kuma ba da jiniya aka tarbe ta ba. Gwaji ta je, tamkar leburan da ke tsayawa bakin titi da sassafe riƙe da shebur suna jiran mai ginin da zai nuna su da yatsa. Aka fara ba ta ɗan kwantiragin cike gurbi, irin wanda ake ba mutum idan manyan 'yan wasa sun tafi yi wa ƙasashensu wasa, daga baya aka ga ba za a iya sakin ta ba.

Shigarta Falcons ma labari ne. A watan Yunin 2021 tawagar Najeriya ta je Houston buga wasannin sada zumunci, kuma kun san halinmu, 'yan wasa ba su cika ba saboda matsalar biza. Kociyan lokacin, Randy Waldrum, ya taɓa horar da Houston Dash daga 2014 zuwa 2017, don haka ya san gari. Aka ce masa ga wata 'yar asalin Najeriya nan tana atisaye. Ta zo, ya gani, ya saka ta a wasa da Jamaika. Wasa na biyu da Fotugal, wanda aka tashi 3 da 3, ta jefa ƙwallo a raga. 'Yar gaba ce tun tana jami'a, amma da aka ce baya ake buƙata sai ta koma baya ta gefen dama, ba ƙorafi ba tsaki, har ta zama kujerar tata ce.

Duk wannan fa ba shi ne ya fi ba ni haushi da rubutun mutumin nan ba. Ga abin da ya fi. A lokacin da take buga wa Houston Dash, da safe tana filin atisaye, da rana ta wanke jiki ta saka farar riga ta wuce asibitin yara na Texas Children's, inda take aiki a ɗakin gwaje-gwaje tare da masu binciken ciwon daji na ƙananan yara. Ciwon daji na yara, jama'a. Duk wanda ya taɓa jinyar yaro mai wannan ciwo a ɗaya daga asibitocinmu, ya ga yadda uwa ke sayar da ɗan kunnenta da akuyarta don allura ɗaya, ya san wannan ba abin wasa ba ne. Wannan aikin take yi bayan ta gama gudu a zafin Texas. Kai kuma kana kwance a kan tabarma ƙarfe 11 na safe, waya a saman ciki, kana yanke mata hukuncin cewa boko ya gagare ta. Kai, duniya!

Yanzu za a ce mini ai mutum ɗaya ce, na samu guda na riƙe. To bismillah, mu ƙirga. Wa ta ci ƙwallo ta uku a wasan ƙarshe da Maroko a Rabat ranar 26 ga Yulin 2025, a minti na 88, bayan an fara cin mu 2 da nema? Jennifer Echegini. Ta yi Jami'ar Mississippi State, ta koma Florida State, ta ci kofin jami'o'in Amurka da su a 2023, kuma aka ba ta kyautar Hermann ta shekarar, wadda ake ba 'yar wasan da ta fi kowa a dukkan jami'o'in ƙasar. Daga nan Juventus ta ɗauke ta, sai PSG. Wa ta ci fenaritin da ya dawo mana da rai a wasan? Esther Okoronkwo, ta Jami'ar Lamar. Toni Payne, Jami'ar Duke. Ifeoma Onumonu, Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley. Deborah Abiodun daga nan gida ta tashi, ƙafarta ta kai ta Jami'ar Pittsburgh. In ci gaba ne, ko ya isa haka? Waɗanda boko ya gagara ke nan, Malam. Allah ya ba 'ya'yanmu irin wannan gagarar.

Kuma kada a juya mini magana. Ban ce wadda ba ta je jami'a ba a cikinsu abin rainawa ce ba. Wadda ta taso daga filin ƙasa a Legas ko Fatakwal ko Lafiya, ta yi ta fama ba takalmin kirki har ta saka rigar ƙasa, ita ma ta ci guminta, kuma ta fi ƙarfin bakinka. Amma kai ne ka kawo zancen boko, kai ne ka zaɓi hoton, don haka a kan boko za mu tsaya.

Sai masu cewa to malaman makaranta fa, likitoci fa, 'yan fansho fa, sojojin da ke daji fa? Wallahi da a nan mutumin ya tsaya da ni ma na tura rubutun nasa gaba. Malamin firamare da ke bin bashin albashi yana da haƙƙi, kuma wanda ya danne masa zai yi bayani gaban Allah. Amma Alozie ce ta riƙe albashin? Ita ce ke sa hannu a takardar fansho? In kana da faɗa da gwamnati ka je ka yi da gwamnati, adireshinta ba ɓoyayye ba ne. Sai dai an san dalili: zagin mace a Facebook ba ya kai mutum ofishin 'yan sanda. Kuma waɗannan da kuke ganin an lulluɓe da kuɗi, ku tuna su ne a 2016, bayan sun ciyo kofin Afirka a Kamaru, suka ƙi fita daga otal a Abuja har suka yi tattaki zuwa majalisa suna neman haƙƙinsu. A 2019 suka sake zaman dirshan a otal a Faransa. A 2022 suka ƙaurace wa atisaye a Maroko, duk a kan alawus. Kofi 10 suka kawo wa ƙasar nan. Lokacin da suke bin bashi ban ga rubutunka ba.

Akwai kuma 'yan "ai ƙwallon sa'a ce". Wato wadda Alozie ta ci Afirka ta Kudu a wasan kusa da na ƙarshe na kofin Afirkan 2025 ɗin a Kasablanka. Na kalla, kun kalla. Ana 1 da 1, Rasheedat Ajibade ta ci mana fenariti, Linda Motlhalo ta farke musu da fenariti, an shiga minti na 4 na ƙarin lokaci, kowa ya fara gyara zama don ƙarin minti 30. Alozie ta ɗago ƙwallo daga can nesa ta gefen dama ta aika cikin da'ira, ta wuce kan kowa, ta dira, ta wuce mai tsaron raga Andile Dlamini, sai ga ta a ciki. Ko bugu ta yi niyya ko miƙawa, wannan ita da Ubangijinta. To sai me? Sa'ar ta same ta ne a ɗaki tana barci? Wadda ta yi minti 94 tana hawa da sauka a gefen fili, har ta samu ƙarfin ɗaga ƙwallo ta kai inda ake so, ita sa'a ke samu. Mu da ke kan benci a gidan kallo ba ta taɓa zuwa ta same mu ba.

In kuna son ganin tarbiyyar da kuke ta wa'azi a kai, ku koma ranar 7 ga Agustan 2023 a Brisbane, wasanmu da Ingila a kofin duniya. Alozie na kwance rub da ciki a kan ciyawa, Lauren James ta tashi daga kanta ta ɗora mata takalmi mai ƙusoshi a gadon baya ta taka ta wuce. Ku tuna fuskarta a hoton nan da ya zagaye duniya: ta ɗago kai, ta buɗe hannu, tana kallon alƙaliyar wasa da ɗan murmushin mamaki. Ba ta yi birgima ba, ba ta tashi da dambe ba. Aka duba bidiyo aka ba James jan kati a minti na 87. Aka je bugun fenariti, ita Alozie ɗin ta ɗaga tata sama da raga, Desire Oparanozie ma ta zubar, Ingila ta wuce da 4 da 2. Ba na ɓoye wannan, ta zubar, kuma ya yi mana ciwo. Amma da duniya ta taso wa Lauren James da zagi, wadda aka taka ɗin ce ta fito ta ce a ƙyale yarinya, wasa ne mai zafi, kuma tana girmama ta. Wanda aka taka ya yafe. Kai da ba a taka ba, ko inuwarka ba ta sani ba, kai ne ke ta kumfar baki.

Maganar sutura kuwa, na san da ita, kuma ban raina mai yin ta don Allah ba. Sai dai wannan wata muhawara ce daban, ba ita mutumin ya kawo ba. Kuma tun 2014 FIFA ta amince a buga da ɗankwali, a kofin duniyan 2023 ɗin nan Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga da hijabinta da dogon wando, sama ba ta faɗo ba. Mu wuce.

Bari in sauke murya, domin akwai inda abin ya fi zagin wani a Facebook ciwo. Wasu sun ce ai duk waɗanda na lissafa, yawancinsu a waje aka haife su ko a waje suka yi karatu, don haka ba abin alfaharinmu ba ne. Gaskiya ne a waje suka yi. To me ya sa? A 1972 Amurka ta yi wata doka da ake kira Title IX, wadda ta hana duk makarantar da ke karɓar kuɗin gwamnatin tarayya nuna bambanci tsakanin mace da namiji, har a wajen wasanni. Daga nan jami'o'i suka shiga buɗe ƙungiyoyin mata, da fili, da kociya, da likita, da tallafin karatu a mafi yawansu. Kuma sharaɗin shi ne, in makinki ya faɗi, benci za ki zauna komai iyawarki. Wato a can, makarantar ce ke riƙe da ƙwallon. Yarinya ba ta zaɓa tsakanin aji da fili, domin in ta bar ajin an kore ta daga filin. Shi ya sa mutumin nan ya kasa ganewa. A kansa, duk wanda aka gani da ƙwallo to ya gudo daga makaranta ne, saboda abin da ya saba gani ke nan.

Kuma laifin wa? A makarantar 'yan matan da ke unguwarmu akwai wata yarinya da duk ranar inta-haus ba a haɗa ta gudu da kowa. Ba takalmi take gudu ba, ta ɗaure ɗankwali tamau, siket har ƙasa, amma kafin sauran su kai rabi ta tsinke zaren. Kyautarta bokitin roba da sabulun wanki, shekara bayan shekara. Lissafi ma ita ke ja gaba a ajinsu. Ba wanda ya taɓa ce mata wannan ƙafar tana iya biya mata kuɗin jami'a, domin a nan ba ta iyawa. Filin da take gudun ma yanzu an yanka shi an jera shaguna, ana sayar da katin waya da taya. Ita kuma ta gama sakandare kuɗin rajistar jarrabawa ya gagara, shi ke nan. Ba boko ne ya gagare ta ba, mu ne muka gagare ta. Muna da gasar NUGA ta jami'o'i tun shekarun 1960, amma ku gaya mini tsakani da Allah, yaushe rabon da ku ji sakamakonta a rediyo? Wace jami'a ce a Arewa za ta ce wa uba, kawo 'yarka, za ta yi mana gudu ko ƙwallo, mu kuma mu ɗauke maka kuɗin makaranta har ta zama likita? Ranar da aka fara haka za ku ga iyayen da ke cewa haram sun zo da fom a hannu.

Kuma ba wai Arewa ba ta da hannu a harkar ba. Nasarawa Amazons na nan a Lafiya, sun taɓa cin gasar ƙasa. Adamawa Queens na nan. Kociyan da ya ciyo kofin nan na 10, Justine Madugu, ɗan Adamawa ne. Abin da babu shi ne gadar da za ta haɗa filin da ajin. Maimakon mu zauna mu yi wannan maganar, sai muka ɓata mako guda muna tura rubutun wanda ko sunan jami'ar da yarinya ta yi bai iya bincikawa ba.

Saboda haka, Malam mai rubutu, shawara kyauta: goge hoton. In ba za ka goge rubutun ba, aƙalla ka canza hoton, ka saka naka. Waɗanda suka tura mini shi ta akwatin saƙo suna cewa "ka ga gaskiya", ku ma na gode, amma kada a ƙara.

Af, tun da ana maganar mata da kofi, masu gidajen kallo ina da ƙorafi a kanku. Ranar 3 ga Agustan 2025 D'Tigress, 'yan matanmu na ƙwallon kwando, suka doke Mali da 78 da 64 a Abidjan suka ɗauki kofin ƙwallon kwando na Afirka karo na 5 a jere, ƙarƙashin Rena Wakama, wadda ita ma a jami'ar Amurka ta buga nata wasan, kuma ita ce ta kai su zagayen kwata-fainal a Olamfik ɗin Faris a 2024, abin da wata tawagar Afirka, ta maza ko ta mata, ba ta taɓa yi ba. Na leƙa gidan kallon layinmu a daren, talabijin uku ne a bango, duka ukun wasan share fagen kakar Turai ake nunawa, wanda su kansu 'yan wasan ba su damu da shi ba. Na ce a juya mana guda ɗaya, yaron da ke karɓar kuɗi ya ce rimot ɗin na wajen oga, oga kuma ya tafi sayen fetur. Kuma sun ƙara kuɗin shiga, fankar ma guda ɗaya ce ke aiki.